Sikelin da ya fi naushi zafi: rayuwar José Luis Castillo a fagen dambe

Ranar Juma'a, 7 ga Oktoba, 2005, a birnin Las Vegas na Amurka, wani ɗan dambe mai shekara 31 ya tuɓe ya hau sikeli a gaban 'yan jarida da jami'an hukumar wasanni ta jihar Nevada. Kashegari ne zai kara da Diego Corrales a karo na biyu, kuma doka ta ce kada ya wuce laba 135, wato kilo 61 da ɗan ɗoriya.

Ana cikin duba sikelin sai shugaban hukumar, Marc Ratner, ya lura da wani abu a ƙasa. Likitan da ke tare da ɗan damben ya cusa ƙafarsa a ƙarƙashin sikelin yana tallafe shi, don nauyin ya ragu. Nan take aka kori likitan daga wurin, daga baya aka ci shi tara, aka kuma dakatar da shi.

Da aka sake awo ba ƙafar kowa, sai gaskiya ta yi halinta. An ba ɗan damben lokaci ya je ya ƙara matse jikinsa, ya dawo, amma sikeli ya tsaya a laba 138 da rabi. Sama da kilo ɗaya da rabi ya rage, kuma babu inda za a samo shi a jikin.

Sunan mutumin José Luis Castillo, ɗan ƙasar Meksiko, wanda sau biyu yana riƙe kambun duniya na hukumar WBC a ajin marasa nauyi.

Shekaru sun shuɗe, amma matsalar tana nan daram. A Afrilun 2024, Ryan Garcia ya zarce nauyin da aka ƙayyade da sama da laba uku kafin karawarsa da Devin Haney a New York. A Yunin 2025, Keyshawn Davis ya rasa kambun WBO na marasa nauyi tun kafin a kai naushi ko ɗaya, saboda ya haura da sama da laba huɗu, aka soke damben a garinsu, Norfolk. Duk wanda yake son ya gane dalilin da ya sa wannan abu ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, ya dubi rayuwar Castillo, domin a jikinsa aka ga ribar matse jiki, a jikinsa kuma aka ga hasarar.

Ɗan garin jirgin ƙasa

An haifi Castillo a watan Disambar 1973 a Empalme, wani ƙaramin gari na ma'aikatan jirgin ƙasa da ke kusa da tashar ruwa ta Guaymas, a jihar Sonora ta arewa maso yammacin Meksiko. Yanki ne mai zafi da fari, kuma ya yi suna wajen fitar da 'yan dambe masu taurin rai. A Sonora aka haifi José Luis Ramírez, wanda ya riƙe kambun marasa nauyi a shekarun 1980. A nan kuma aka haifi Julio César Chávez, wanda har gobe mutanen Meksiko da dama ba sa haɗa shi da kowa.

A Amurka ko Kuba, yaro mai hazaƙa yakan daɗe yana damben 'yan koyo, yana burin zuwa gasar Olamfik. A Meksiko hanyar ta sha bamban. Gida na jiran kuɗin cefane, don haka yaro yakan shiga damben kuɗi tun gemu bai fito ba. Ramírez ya fara yana ɗan shekara 14. Saúl Álvarez, wanda duniya ta fi sani da Canelo, ya fara yana da 15. Castillo ya fara a 1990, yana ɗan shekara 16. Ƙaninsa Ricardo ma dambe ya bi.

A nan ne tushen matsalar yake, ko da yake ba kasafai ake faɗa ba. Yaron da ya fara sana'a jikinsa bai gama girma ba, a ƙaramin aji zai yi suna. Ƙashi ya ci gaba da faɗi, kafaɗa ta buɗe, amma sunansa da matsayinsa da kuɗinsa duk suna ɗaure a ajin da ya fara. Castillo ya soma ne a kusa da laba 126, wato kilo 57. Tun daga nan yake kokawa da jikinsa.

Shekarunsa na farko ba su nuna alamar zai zama wani abu ba. Ya ci dambe da yawa a ƙananan filaye, amma duk lokacin da ya nemi kambun ƙasa sai a taka masa birki. César Soto ya tsayar da shi a 1993. Javier Jáuregui ya yi masa haka har sau biyu, a 1994 da 1996. Julio Álvarez ya ƙara a 1998. Fatar girarsa ba ta da wuyar tsagewa, kuma jini ya sha jawo masa asara.

Shekaru a hannun Chávez

Abin da ya gyara shi ba a gaban 'yan kallo ya faru ba. Kusan shekara biyar ya yi yana abokin atisayen Chávez.

Aikin abokin atisaye ba abin sha'awa ba ne. Ana biyanka ne ka tsaya a gaban zakara ya gwada hannunsa a jikinka, kullum, ba tafi, ba hoto a jarida. Da yawa daga masu wannan aiki sukan saba da shan duka har ya zame musu hali, ko sun shiga nasu damben sai su riƙa jiran a buge su. Castillo bai zama haka ba. Ya kwashi salon maigidansa kaf: matsowa kusa ba ja da baya, toshe wa abokin karawa hanyar gudu, da sauke naushin hagu a kwiɓi da haƙarƙari har numfashi ya fara gagarar mutum. Laƙabinsa a gida El Temible, wato abin tsoro.

A Yunin 2000 aka kawo shi California ya kara da Stevie Johnston, Ba'amurke bahago mai riƙe da kambun WBC. An ɗauko shi ne a matsayin wanda zakara zai motsa jini da shi. Sai reshe ya juye da mujiya. Bayan turmi goma sha biyu alƙalai biyu suka ba Castillo, na ukun ya ce kunnen doki. Mujallar The Ring ta ce a duk shekarar babu sakamakon da ya kai wannan ba-zata.

Bayan wata uku aka sake haɗa su a Denver, garin Johnston. Aka sanar cewa Johnston ya ci, jama'a suka watse suna murna. Can sai aka gano an yi kuskure wajen haɗa lissafin maki, ashe kunnen doki aka yi, kuma a ƙa'ida kambu na nan hannun mai shi. Johnston da kansa ya mayar wa Castillo ɗamarar a ɗakin sauya kaya. Irin wannan dattaku ba kullum ake ganinsa a wannan sana'a ba.

Daren da ake ta gardama a kai

Ranar 20 ga Afrilu, 2002, Floyd Mayweather ya hauro daga ajin da ke ƙasa don ya karɓe kambun Castillo a otal ɗin MGM Grand. Mayweather ya yi ritaya daga baya da nasara 50 ba faɗuwa ko ɗaya, kuma duk lokacin da aka yi maganar wanda ya fi kusa da kayar da shi, sunan Castillo ne ke fara fitowa.

Mayweather ya mamaye turamen farko da sauri da zillewa. Daga tsakiya Castillo ya fara cim masa, yana danna shi jikin igiya yana aikin kwiɓi. Ƙididdigar naushi ta CompuBox ta nuna naushin Castillo kusan 200 ne suka shiga, na Mayweather kuwa ƙasa da 160. Harold Lederman, mai ba da maki na tashar HBO, Castillo ya ba nasara da 115 da 111. Alƙalan hukuma uku kuwa duk Mayweather suka ba, biyu da 115 da 111, ɗaya da 116 da 111. 'Yan kallo suka yi ta ihun rashin yarda.

Mayweather ya ce da ciwon kafaɗar hagu ya shiga damben. Aka sake karawa a Disambar shekarar, ya ci ba tare da wata babbar gardama ba, ko da yake tazarar makin ba ta kai ta farko ba. A ganina, wanda ya ce Mayweather ne ya ci karon farko da ƙyar yana da hujja. Wanda ba shi da hujja shi ne alƙalin da ya ga tazarar maki biyar.

Akwai abin da masu jin haushin hukuncin ba su cika ambata ba. A ranar awo nauyinsu kusan ɗaya ne, amma a daren dambe Castillo ya fi Mayweather da kilo huɗu ko kusa da haka. Wannan nauyin ne yake jingina wa mutum a jikin igiya har ƙafafunsa su gaji. Ƙarfin Castillo a wannan aji, wani ɓangarensa gwaninta ce, wani ɓangaren kuma girman jiki ne da ya ɓoye wa sikeli na 'yan sa'o'i.

Da Mayweather ya bar ajin, Castillo ya dawo da kambunsa a Yunin 2004 bayan ya doke Juan Lazcano. Ya kare shi a hannun Joel Casamayor ɗan Kuba, sannan ya tsayar da Julio Díaz a Maris ɗin 2005. Manyan 'yan dambe uku cikin wata tara. Wata biyu kacal bayan haka ya sake hawa sikeli don Corrales.

Turmi na goma

Mutanen da suka shiga zauren Mandalay Bay ranar 7 ga Mayu, 2005, ba su wuce dubu biyar da 'yan kai ba, rabin kujerun ma babu kowa. Yau kuwa da wuya a lissafa manyan damben da aka taɓa yi a bar wannan a baya.

Corrales, mai riƙe da kambun WBO, ya fi Castillo tsawo, kuma hankali zai ce ya tsaya daga nesa ya yi amfani da dogon hannunsa. Bai yi haka ba. Tun daga turmin farko suka haɗa goshi a tsakiyar dandali, kowa na sauke wa ɗan'uwansa. A turmi na huɗu girar Castillo ta hagu ta tsage. Zuwa na bakwai idon Corrales na hagu ya kumbura ya kusa rufewa. Babu wanda ya ja da baya.

Ba a yi rabin minti da shiga turmi na goma ba, Castillo ya sakar masa hagu a haɓa, Corrales ya zube, robar da ke kare haƙoransa ta faɗo. Ya miƙe a ƙirga na takwas. Aka kai shi kusurwarsa aka mayar masa da robar. Suna komawa Castillo ya sake kai shi ƙasa. A wannan karon Corrales ya fitar da robar da kansa, ya tashi a ƙirga na tara.

Alƙalin wasa Tony Weeks ya cire masa maki ɗaya saboda haka, sannan ya sake jan sa zuwa kusurwa. Kocinsa Joe Goossen bai yi gaggawar mayar da robar ba. Waɗannan 'yan daƙiƙoƙi su ne komai. Kan Corrales ya ɗan washe.

Castillo ya taho ya ƙarasa aiki, sai ya ci karo da naushin dama. Ya yi baya zuwa igiya, Corrales ya bi shi da ruwan naushi, hannayen Castillo suka sauka, kansa ya yi baya. Weeks ya shiga tsakani a minti biyu da daƙiƙa shida. Mutumin da ya faɗi sau biyu a turmin shi ne ya ci.

Har yau magoya bayan Castillo na cewa an cuce shi sau biyu: an ba Corrales hutun da bai cancanta ba, sannan an tsayar da nasu yana tsaye a kan ƙafafunsa, bai samu ko ƙirga ɗaya ba. Masu kare Weeks suna cewa mutumin da hannayensa suka sauka, idanunsa suka juye, naushi ɗaya ne tsakaninsa da nakasa. Duka biyun gaskiya ne. Dabarar robar ba ta da kyau, tsayar da damben kuma daidai ne.

Yadda ake matse jiki

A damben gargajiya da muka sani, ido ne ke haɗa 'yan wasa, a dubi girma da ƙwarewa a ce wane ya dace da wane. Damben zamani ya raba mutane aji-aji har goma sha bakwai, kuma sikeli ne alƙali. An yi haka don kada babba ya murƙushe ƙarami. Sai dai an bar wata ƙofa a buɗe.

Da can a ranar dambe ake awo. A shekarun 1980 aka fara mayar da shi jajibiri, a lokacin da hankalin duniya ya tashi kan lafiyar 'yan dambe. A Nuwambar 1982 ne Kim Duk-koo, ɗan Koriya ta Kudu, ya rasu kwanaki kaɗan bayan karawarsa da Ray Mancini a Las Vegas, kuma a wannan aji na marasa nauyi. Bayan haka WBC ta rage turamen neman kambu daga 15 zuwa 12. Hujjar awon jajibiri ita ce, wanda ya ƙona ruwan jikinsa ya samu yini guda ya mayar kafin a fara bugun kansa, domin likitoci sun daɗe suna gargaɗin cewa jikin da ya bushe ba ya jure duka.

Niyya mai kyau ce, amma 'yan dambe da masu horar da su suka karanta ta a baibai. Tunda akwai sa'a 24 ko fiye na mayar da ruwa, me zai hana a sauka ƙasa sosai? Mutumin da a zaman gida yake kilo 70 sai ya yi rajista a kilo 61. Makonni yana rage abinci. A kwanakin ƙarshe ya daina shan ruwa, ya sa rigar leda yana gudu, ya shiga ɗakin tururi, wasu har tofar da yawu suke yi a kofi don a rage 'yan giram. Ya hau sikeli da kunci a lotse, yana sauka a miƙa masa gora. Kashegari ya shigo dandali ya ƙara kilo biyar ko shida.

Wanda ya ƙi yin haka, shi ne zai tarar da ƙato a gabansa. Don haka kowa ke yi.

Jiki yana yarda da wannan a shekara 22. A shekara 31, bayan an yi masa haka sau da dama, wata rana sai ya ƙi.

An ci, amma ba kambu

Ba a fasa damben Oktoban 2005 ba. An ci Castillo tarar dala 120,000, aka cire kambu daga cikin yarjejeniyar, Corrales ya yarda a yi. A turmi na huɗu Castillo ya kwantar da shi da hagu ɗaya tak, aka tsayar. Ramuwa ce mai kyau a ido, amma ta bar tambaya. Corrales ya wahalar da jikinsa har ya cika ƙa'ida, abokin karawarsa kuwa bai kai can ba.

Aka shirya karo na uku ranar 3 ga Yuni, 2006, don a raba gardama. Ranar awo Castillo ya zo da laba 139 da rabi, ya zarce da kilo biyu. A wannan karon Corrales ya ce a kai kasuwa. Aka soke damben, tashar Showtime da masu shiryawa da waɗanda suka sayi tikiti suka tashi a tutar babu. Hukumar Nevada ta ci Castillo tarar dala 250,000, ta kuma dakatar da shi har ƙarshen shekara.

'Yan jaridar Amurka da dama sun kira abin rashin mutunta sana'a, kuma suna da gaskiya. Mutum ya sa hannu a takarda, ya san adadin, ya san ranar. Ɓangaren Corrales na ganin an so a sake yi musu wayo ne irin na Oktoba.

Amma a raba laifin daidai. Duk wanda ya ga abin da ya faru a Oktoba ya san jikin Castillo ya bar wannan aji. Masu shirya wasa sun sani, masu horar da shi sun sani, tashar talabijin ta sani. An dage a kan laba 135 ne saboda a nan kambu yake, kuma kambu ke sayar da tikiti. Shi kansa bai iya cewa a'a ba, domin wanda ya yi shekara goma yana karɓar ƙananan kuɗi kafin ya ga dala miliyan, ba ya juya wa miliyan baya saboda kilo biyu. Yakan ce zai iya, ya kuma yarda da kansa har ranar awo.

Sai kuma ƙaiƙayi ya koma kan masheƙiya. A Oktoban 2006, Corrales da kansa ya kasa cika laba 135 kafin karawarsa da Casamayor, ya rasa kambunsa a kan sikeli, ya kuma sha kaye a damben. Ranar 7 ga Mayu, 2007, shekara biyu cif da turmin nan na goma, ya rasu a hatsarin babur a Las Vegas yana ɗan shekara 29.

Gangara

Castillo ya hau aji na gaba, laba 140. A Janairun 2007 ya sha da ƙyar a hannun Herman Ngoudjo, haifaffen Duwala ta Kamaru mazaunin Kanada, inda alƙalai suka rabu biyu da ɗaya. A watan Yuni ya haɗu da Ricky Hatton na Ingila. A turmi na huɗu Hatton ya soka masa hagu a haƙarƙari, irin naushin da shi Castillo ya gina sunansa da shi. Ya juya, ya durƙusa a kan gwiwa ɗaya, aka ƙirga goma.

A 2008 laba 140 ma ta gagare shi, aka soke karawarsa da Timothy Bradley a Cancún. A Maris ɗin 2010 Alfonso Gómez ya galabaitar da shi a Texas, ya ce ya yi ritaya, amma bai daɗe ba ya dawo. Dambensa na ƙarshe a Mosko aka yi shi, a Nuwambar 2014, yana dab da cika shekara 41, inda Ruslan Provodnikov ya tsayar da shi a turmi na biyar. Ya bar fage da nasara 66, faɗuwa 13, kunnen doki ɗaya, kuma 57 daga nasarorin ba a kai ƙarshen turame ba.

Hukumomi sun yi 'yan gyare-gyare. WBC, wadda aka kafa a birnin Meksiko a 1963, tana bukatar a auna masu neman kambunta wata guda kafin dambe, a sake aunawa ana saura mako, don a ga ko suna sauka a hankali. Hukumar IBF kuwa tana sake awo da safiyar ranar dambe, kuma ba ta yarda a ƙara fiye da laba goma ba. Akwai likitoci da tsofaffin 'yan dambe da ke son a koma awon ranar wasa gaba ɗaya. Masu adawa da su na cewa 'yan dambe ba za su daina matse jiki ba, sai dai su shiga dandali a bushe, wanda shi ne abin da aka gudu tun farko. Masu zuba kuɗi kuma ba sa son jin labarin soke wasa ana saura sa'o'i.

Tarar ma ta zama wani abin ciniki. Mai kuɗi yana iya zarce nauyi da gangan, ya biya abokin karawarsa, ya shigo da ƙarfinsa cikakke. Ƙaramin ɗan dambe da ke jiran kuɗin haya ba ya iya ƙin yarda.

A 2024 zauren tunawa da gwarazan dambe na duniya da ke Canastota a jihar New York ya shigar da sunan Corrales da na Hatton. Mayweather ya riga su shiga. Sunan Castillo bai fito a jerin shekarar ba, alhali ya doke Johnston da Lazcano da Casamayor da Díaz, ya kuma kwantar da Corrales ɗin kansa. 'Yan jarida ne ke kaɗa ƙuri'ar, kuma wasunsu suna Las Vegas a ranakun awon nan biyu.